Jan Mode

Shekaranjiya a kasuwa na ji wani mai shago yana rantse wa wata baƙuwa cewa jakar da ke hannunta jan Mode ce ta asali. Na ce ta ba ni in gani. Na lashi yatsa na goga a gindin jakar, yatsan ya fito ja wur. Galura ce, irin ta gwangwani, wadda ko damina ɗaya ba ta kaiwa. Na tambayi mai shagon ko ya san wane ne Mode. Ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Baba, ai ba mutum ba na, sunan kala na." Na miƙa wa matar jakarta na bar wurin, don in na ƙara minti ɗaya zan yi abin da za a ce tsoho ya zubar da girmansa a tsakiyar kasuwa.

To mutum ne. Yana da mata da 'ya ɗaya da tari kowace safiya, kuma a duk Ƙofar Taramniya ba wanda ya kai shi taurin kai. Ni Audi baduku na fi shekara ashirin ina ɗinka fatar da ya rina, ubana kuma ya ɗinka ta ubansa. Ina cikin ɗakin ranar da aka kashe masa suna, kuma da hannuna a ciki. Saboda haka ba wanda ya fi ni sanin labarin, ba kuma wanda ya fi ni jin kunyarsa.

Baba Mode marinin fata ne. Majema su jeme fatar akuya da bagaruwa su kawo masa, shi kuma ya ba ta ja. Gajere ne, siriri, hannayensa biyu jajaye har wuyan hannu, ba sabulun da ya taɓa fitar da su. Da karan dafi yake aiki, wato dawar nan da ba don hatsinta ake shuka ta ba, sai don jan ɓawon da ke lulluɓe da karanta. Wani manomi ne daga Kware yake kawo masa dami-dami bayan kaka. Ya daka, ya jiƙa da ruwan toka, ya shafa wa fata da tsumma, ya shanya a inuwa, ya sake shafawa har sau uku, sannan ya bi ta da lemun tsami da ɗan man gyaɗa, ya murza a kan dutse har ta yi laushi. Duk marinan gari haka suke yi. Amma in ka jera fata goma, ko daga tsallaken hanya za ka nuna tasa, shi ya sa dukawa suka sa wa irin wannan ja sunansa tun yana da sauran baƙin gemu.

Abin da ke ƙona wa mutane rai da shi shi ne wajen saye. Ba ka zuwa ka biya ka ɗauka ka tafi. Sai ka zo da hantsi ya shimfiɗa fatar a kan tabarma a ƙofar zaure ka duba, ka dawo da azahar ka duba, ka sake dawowa da la'asar. In ka ce kana sauri, ya ce Allah ya kiyaye hanya. Na sha yin faɗa da shi a kan wannan. Ga aiki jibge a rumfata, ga mai kaya yana jira, ni kuma ina safa da marwa tsakanin kasuwa da gidan tsoho don in kalli fatar da na riga na san tana da kyau.

Wata rana na gaji na ce, "Baba, don Allah mi yar raba su? Ja ja na, ko da sahe ko da marece."

Ya ce, "Ɗauki hwatag ga ka shiga ɗakin can ka ja ƙyaure." Na shiga na ja. Ya ɗaga murya daga waje: "Ja ta?"

Na ce, "Baba, ai duhu na."

"Hwata na hannunka ko ta gudu?"

"Tana nan."

"To jan ya tahi ina?"

Na fito ina ƙifta ido. Daga ranar ya fara buɗe mini abin da ya shekara yana juyawa a ransa yana murzar fata. A wurinsa haske ɗaya ne, Allah ya halicce shi fari, kuma duk launin duniya a cikinsa yake a dunƙule. Mai musu ya dubi bakan gizo, ko ɗigon mai a kan ruwa. In haske ya sauka a kan abu, abin yakan sha abin da ya ga dama ya mayar da saura, kuma sauran nan da ya mayar shi ido ke gani ya kira shi launi. Ganye ya sha komai ya mayar da kore. Baƙi marowaci ne, ya haɗiye duka bai bar wa ido komai ba. Fari bai riƙe ko ƙwaya ba, duk abin da aka ba shi ya mayar, kuma yakan ce shi ya sa da fari ake kai mutum makwancinsa. Saboda haka, in ji shi, ba mu taɓa ganin abu shi kansa ba, kyautarsa kawai muke gani, ainihinsa kuwa sai wanda ya halicce shi.

Tunda launi amsa ce da abu ke ba haske, to ya danganta ga wanda ya yi tambayar. Hantsi mai gaskiya ne, a natse yake tambaya. Azahar mai zafin rai ce, tsawa take yi har abu mai rauni ya kwashe launinsa don tsoro. La'asar kuwa bafadiya ce, kowa ta gani sai ta shafa masa ja, har bangon laka ya fito da kyau. Su ne yake kira shaidu uku. Fatar da ta ba su ukun amsa ɗaya ita ce ja. Wadda ta sauya magana a gaban ɗayansu, yakan mayar da ita rini, in ta ƙi ya yanka ta a yi maɗaurin takalmi. Fitilar aci-balbal ba ta dame shi ba, yakan ce ita baiwar Allah ba ta taɓa cewa ita rana ce ba.

Haka kuma yake auna mutane. Ba ya cewa ya san ka sai ya gan ka cikin sauƙi, ya gan ka cikin tsanani, ya gan ka ana yabonka. Wani malami maƙwabcinsa ya taɓa ja masa kunne, ya ce wannan magana ta kusa shiga hurumin da ba na marina ba. Baba Mode ya ce shi bai karanta ta a ko'ina ba, ƙwaryar rininsa ce ta nuna masa, in kuskure ne Allah ya yafe. Malamin ya ƙyale shi, har daga baya shi ma ya zo ya yi zirga-zirga uku don ya sayi fatar da za a yi wa littafinsa gafaka. Ni kuwa ina sauraro ina gyaɗa kai, rabi don na yarda, rabi don ya ba ni fata in tafi.

Sai kuɗin mai suka zo. Wanda bai ga shekarar Udoji ba ba zai gane ba. Gari ya haukace, kowa ɗan kwangila, mutumin da jiya ba shi da keke yau yana danna maka odar mota. Cikin irin waɗannan akwai Ɗahiru, wanda muka san shi yana tallan albasa a faranti. Kwatsam sai ga shi Alhaji Ɗahiru, da haƙorin Makka da sabuwar Fijo. Ya samo kwangilar tumtum ɗari uku, matasan zama na fata, don wani sabon masaukin baƙi na gwamnati, kuma takardar ta ce lallai jan Sakkwato na asali. Wata biyu aka ba shi. Baba Mode kuwa, in ya yi gaggawa, fata bakwai yake fitarwa a mako.

Ɗahiru bai damu ba. Ya sayo galura gwangwani-gwangwani, aka kwaɓa a duro, aka tsoma fatu da safe, da rana sun bushe. Ɗinkin duka ya ba ni. Na san abin da nake ɗinkawa, hancina ma ya sani, amma ban taɓa riƙe aiki mai girman wannan ba, kuma damina biyu ke nan ɗakin matata na yoyo. Na karɓa da hannu bibbiyu. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, ni dai a lokacin ban san irin askin da za a sa ni ba.

Matsalar Ɗahiru ɗaya ce. Kwamitin da zai karɓi kayan ya ce sai gwani ya shaida cewa fatar ta asali ce, kuma wani cikinsu ya taɓa jin sunan Mode. Ɗahiru ya kai masa takarda har gida don ya dangwala hannu. Baba Mode ya ce, "Kawo hwatar gobe da hantsi mu gani." Ɗahiru ya san abin da hantsi zai faɗa, don haka bai kai ba. Sai ya zo rumfata ya ce in ba shi fata ɗaya ta Mode cikin waɗanda na ajiye, wai za a nuna wa manya. Na ba shi, har na ji daɗi wai za a ga aikin tsoho.

Ranar Talata da hantsi aka kira mu wani ofis a Sama Road. Rana a waje tas, irin wadda Baba Mode ke so. A ciki kuwa an ja labule masu kauri, iyakwandishan na ruri, ga dogayen ƙwayayen lantarki biyu a sama suna zuba wani farin haske mai sanyi. Shugaban kwamitin wani Manjo ne, matashi, bai kai ni shekaru ba, da 'yar sanda a kan tebur. Sakatare na gefe da alƙalami. Ɗahiru ya ce in shimfiɗa fatu biyu a kan teburin. Da hannuna na shimfiɗa, ta Mode a hagu, ta galura a dama.

Na ja da baya na dube su. Fatar da na sani, wadda in ka shimfiɗa ta a rana sai mai wucewa ya waiga, ta koma kamar hantar da ta kwana. Ta galura kuwa sai walwali take, kamar ita da fitilar 'yan ɗaki ɗaya ne. Ɗahiru ya riga ya gwada ya gani, shi ya sa ya zaɓi ɗakin.

Sojoji biyu suka shigo da Baba Mode. A mota suka ɗauko shi daga ƙofar gida ba tare da sun gaya masa dalili ba, suka bar matarsa Inna Iyatu tana salati a zaure. Ya tuɓe takalmansa a bakin ƙofa, ya yi sallama, ya durƙusa. Kafin ya dubi kowa sai ya dubi hannayensa, ya juya su, ya ɗaga kai ya dubi fitilar.

Manjo ya ce, "Tsoho, an ce kai ne gwani. Ga fata biyu. Wacce ce taka?"

Baba Mode ya ce, "Ranka shi daɗe, a hita da su waje."

"Me ya sa?"

"Hasken ga ba shi da ja cikinai. Abin da ba a ba hwata ba, ina za ta samo shi ta maido? Taku goma na zuwa ƙohwa, ranka shi daɗe. Ga hantsi can."

Aka kwashe da dariya, Ɗahiru ya fi kowa. Manjo bai yi dariya ba. Ya ce, "Ka san da irin wannan wuta likitoci ke yin tiyata a Ingila?"

"Allah shi ba su sa'a. Ni dai ba ni shaida gabanai."

Ɗahiru ya matso yana murza hannu ya ce, "Yallaɓai, ka gani ko? Shi da kainai bai iya raba su. Duk abu guda na, tsohon dai ba shi son a ce zamani ya cim mishi."

Manjo ya ɗaga kai ya bi mu da kallo ɗaya bayan ɗaya. Ya ce, "Akwai wanda ya san bambancinsu a nan?" Idonsa ya zo kaina ya ɗan tsaya. Kalma huɗu ce kawai, ta hagu ce tasa, kuma tana kan harshena. Na dubi sandar da ke kan tebur, na tuna tumtum ɗari uku, na sunkuyar da kai ina ƙirga zanen darduma. Har yau in na rufe ido ina ganin dardumar nan, kore ce da ratsin ruwan ƙasa.

Manjo ya ce wa sakatare, "Rubuta. Gwanin ya kasa bambancewa, saboda haka kayan sun cika sharaɗi." Sannan ya dubi agogonsa, ya dubi Baba Mode, ya ce, "Kai kuma ka ɓata mana lokaci. Tunda rana kake so, a kai shi rana."

Suka kai shi. Taku goman da aka hana fata biyu, aka yi wa tsoho mai shekara sittin da ɗoriya. Suka durƙusar da shi a tsakiyar fili, suka ce ya ɗaga kai ya kalli ranar, wani kurtu na tsaye da bulala don kada ya sauke. Tun hantsi har la'asar, shaidunsa uku duk sun zo sun same shi a wurin. A wace ƙasa ake yin wannan? Mutum bai yi sata ba, bai zagi kowa ba, cewa kawai ya yi a buɗe ƙofa! Ni kuma da muka fito na bi ta gefensa, na shiga Fijon Ɗahiru, muka tafi.

Washegari da safe na je gidansa. Na same shi kwance a zaure, Inna Iyatu ta ɗora masa jiƙaƙƙen tsumma a ido. Da ta gan ni ta shige ciki ba ta amsa gaisuwata ba. Kunya ce ta cika ni, kuma mai jin kunya in ya rasa abin yi sai ya kama faɗa. Na ce, "Baba, mi yah hana ka sunsuna? Taka na ƙamshin bagaruwa da man gyaɗa, waccan warin gwangwani. Ko taɓawa kay yi ka gane!"

Ya ce, "Launi anka tambaye ni, ba wari ba."

"To ai ka san taka ita ta mai duhun. Ka nuna ta mana, a wuce wurin!"

Ya ce, "In na nuna ta, na yarda ke nan wancan abin shi na jana, kuma hitilan nan alƙali ta. Gobe kowa ka so ganin gaskiya sai ya shiga ɗaki ya ja labule."

Na so in haɗiye zuciya don haushi. Har yau ina jin haushinsa, ba zan ɓoye ba. Da ya miƙa yatsa ɗaya da ya tsira da sunansa da idonsa, ni ma da na tsira da nawa mutuncin. Amma shi Mode ne, da za a maimaita abin sau goma, sau goma zai ce a fita waje. Na tashi zan tafi, sai ya ce daga ƙarƙashin tsumman, a hankali, ba faɗa, "Audi, na gan ka cikin sauƙi, na gan ka cikin tsanani, na gan ka ana yabonka. Ashe akwai haske na huɗu, ban sani ba." Da mari ya yi mini da ya fi mini sauƙi.

Kafin Juma'a labari ya gama kasuwa: Mode ya kasa gane fatarsa. Ba wanda ya ce a wane ɗaki, ba wanda ya tambayi a ƙarƙashin wace fitila. Mutanen da suka shekara suna jin haushin zirga-zirga uku suka samu abin da suke nema. In mai abin da kansa bai iya rabewa ba, me zai sa mu wahala? Dukawa suka koma galura, ga araha ga sauri. Ɗahiru ya buɗe shago ya sa dogon ƙwan lantarki a ciki, yana sayar da nasa da sunan jan Mode, kuma in ka yi magana ya ce akwai takardar gwamnati. Sauran marina suka bi, wanda ya ƙi bi ya koma dako. Manomin Kware ya zo kaka biyu ya koma da daminsa, a ta uku ya shuka albasa.

Baba Mode bai daina ba nan da nan. Yakan rina fata ɗaya ko biyu, ya shimfiɗa a ƙofar zaure da hantsi, ya zauna. Masu wucewa su gaishe shi su wuce, wasu ma da 'yar dariya. Idon kuma ya yi ta ja da baya. A asibiti suka ce yanar ido ce, tsufa ne, kuma ni ba likita ba ne, amma na san mutumin da kafin Talatar nan yake zura zare a allura ba tare da ya nemi kowa ba. Da Inna Iyatu ta rasu, 'yarsa Hauwa'u ta ɗauke shi ta kai shi gidan mijinta a Unguwar Rogo. Na je ta'aziyya na zauna can baya, ban bari ya ji muryata ba. Shekara tara ina kauce wa tsohon nan. Ɗakin matata kuwa na rufe shi da kwano sabo fil, kuma duk damina in ruwa na dukansa ba na jin daɗin ƙarar.

Akwai abin da ban faɗa ba. Bayan an tashi daga ofis ranar nan, Ɗahiru, da yake ba ya barin ko ƙyalle ya tafi a banza, ya ce in haɗa fatu biyun gwaji in cika tumtum na ƙarshe da su. Na ɗinka, rabi na Mode, rabi na galura, aka loda shi cikin sauran aka kai masauki.

Da sojoji suka sake dawowa mulki, aka yi gwanjon tsofaffin kayan masaukin. Na je don in ga ko akwai fatar da za ta yi faci. Na tarar da tumtumaina tsibi guda a fili, a rana, duk sun koɗe sun koma launin kunun da aka tsinka da ruwa. Ina ɗaga su ɗaya-ɗaya ina tsaki, sai ga shi a ƙasa. Rabi fari-fari kamar 'yan'uwansa. Ɗaya rabin kuwa ja ne, ja mai zurfi, ya fi ranar da na ɗinka shi kyau, don zama da gogayya sun ƙara masa sheƙi. Na tsuguna a gabansa mutane na kallona, ban damu ba.

Washegari da hantsi na ɗaure shi a bayan keke na nufi Unguwar Rogo. Hauwa'u ta fito da shi ta zaunar a ƙofar gida. Ya rame, idanun duka biyu sun yi fari, amma hannayen suna nan da sauran jansu. Na yi sallama, ya ce, "Audi. Ka daɗe bisa hanya."

Na ajiye tumtum a gabansa na gaya masa komai. Ya shafa shi, yatsunsa suka bi ɗinkin tsakiya. Na san ya gane nasa tun taɓawar farko. Ya ce, "Wane lokaci na yanzu?"

"Hantsi, Baba."

"To kai ad da ido. Mi kag gani?"

Na ce, "Ja ta, Baba. Wallahi ja ta."

Ya ce, "Dawo da azahar."

Na yi dariya hawaye na zuba. Na dawo da azahar, rana na tsawa, ɓangaren galura ya ƙara yin fari, nasa bai motsa ba. Na faɗa masa. Na dawo da la'asar, bafadiyar ta yi iya ƙoƙarinta ta shafa wa ɗayan ɗan ja, amma ko ita ba ta iya haɗa su ba. Na faɗa masa wannan ma. Na zaci zai yi murna, ko ya ce ya yafe mini.

Ya ce, "Madalla. Amma ni ban bukatar shaidag ga, Audi, na sani tun rannan. Kai ta inda anka tambaya."

Na kai. Da safe na ɗauki tumtum na tafi Sama Road. Ofishin ya zama sito na takin zamani, kwamitin an rushe shi tun tuni. Manjo an ce ya yi ritaya yana can wata jiha da gonarsa. Ɗahiru a lokacin yana tsare, ba don fata ba, don wata kwangila daban. Maigadi ya bar ni na shiga. Ba labule, ba darduma, dogayen ƙwayayen nan biyu sun mutu suna rataye, rina ta yi gida a jikin ɗaya. Na tsaya daidai inda teburin yake na taka zuwa ƙofa ina ƙirgawa. Ni taku takwas na yi, amma Baba Mode gajere ne. Na fito rana da tumtum a hannu na faɗi abin da ya kamata in faɗa shekara tara da suka wuce, da ƙarfi. Maigadin ya dube ni ya ce Allah ya sawwaƙe.

Na koma Unguwar Rogo na same shi inda na bar shi jiya. Ya juyo da fuskarsa wajen ƙarar kekena ya ce, "Ka hwaɗi?"

"Na hwaɗi, Baba."

"An rubuta?"

Na so in yi masa ƙarya, da zai mutu da daɗi a rai, amma a gaban wannan mutumin da tsakar rana ban iya ba. Na ce, "Ba kowa, Baba. Sai maigadi."

Ya ce, "To." Ya jawo tumtum ya jingina da shi, ya ce wa Hauwa'u ta kawo mini ruwa. Bai ƙara tayar da maganar ba, kuma bai ga damina ta gaba ba.

Waccan takarda da ta ce ya kasa tana can cikin wani fayil, da hatimi, in gara ba ta cinye ta ba. Sunansa kuwa ga shi a bakin masu shago, suna rantsuwa da shi a kan abin da yake fita da yawu. Ni bokona na yaƙi da jahilci ne, hannuna ya fi sabawa da basilla, kuma kwana biyu na yi a kan wannan rubutu tun da na dawo daga kasuwa. Ya tambaye ni ko an rubuta, na ce ba kowa. To ga shi yau an rubuta, ni Audi baduku, da hannun da na shimfiɗa su: ta hagu ce tasa.